Fure ɗaya, kabari biyu, mu kuma muna ta ƙyaƙyata dariya

Daren Juma'ar da ta wuce ba wuta a unguwarmu, ga zafi kamar a gasa gurasa a tsakar gida, sai muka fito da tabarma waje ni da ɗan yayata da ya zo mana hutu, yaro ne ɗan shekara sha uku mai shegen surutu. Tun bayan magariba ya ƙwace min waya yana kallon Tom and Jerry, dariya yake har da shure-shure, an maka wa magen nan guduma a ka ta koma kamar faifai, an cusa mata nakiya a baki, an datse mata jela da ƙofa, shi dai dariya kawai. Nima ba wai na fi ƙarfin abin ba ne fa, da shi muka tashi, tun zamanin da sai ka je gidan maƙwabta ka leƙa ta taga in ba a kore ka ba. Amma ranar ban san me ya hau kaina ba nace masa kawo wayar nan in nuna maka wani, shima na dariya ne, minti takwas ne kacal ba zai cinye min data ba.

Sunan fim ɗin Neighbours, wato maƙwabta. Wani Bature ne Norman McLaren ya yi shi a 1952, ɗan asalin Sukotlan ne amma a hukumar fina-finai ta Kanada ya yi kusan duk aikinsa. Ba wanda ya buɗe baki ya yi magana a ciki daga farko har ƙarshe. Mutum biyu ne zaune a kujerun shan iska a kan ciyawa, kowa da gidansa na kwali a bayansa, kowa da jaridarsa da lofe a baki, zaman lafiya lau. A jaridar ɗaya an rubuta wai zaman lafiya tabbas ne in ba yaƙi, a ta ɗayan kuma wai yaƙi tabbas ne in ba zaman lafiya, ka ji fa shaƙiyanci tun daga bakin ƙofa. Sai ga wani ɗan fure ya tsiro a tsakaninsu. Wannan ya sunsuna ya ji daɗi har yana tashi sama, wancan ma haka, daga nan sai nawa ne, a'a nawa ne, aka kafa shinge, wannan ya matsar da shi nan wancan ya mayar da shi can, can dai aka zare itacen shingen aka hau karawa kamar masu takobi.

Yaron nan har tari ya sarƙe shi don dariya. Kuma dole ya yi, saboda mutane ne na gaske amma motsinsu irin na katun ne, dabarar ita ce ana ɗaukar su hoto ɗaya bayan ɗaya, mutum ya ɗan gusa a ɗauka, ya ƙara gusawa a ɗauka, in an jera hotunan sai ka ga ƙato yana sulɓi a ƙasa bai ɗaga ƙafa ba, ko yana shawagi a iska don daidai lokacin da ya yi tsalle ake ɗaukarsa. Sautin ma ba ganga ba sarewa, a jikin zaren fim ɗin McLaren ya ƙirƙire shi, wani irin ɗin-ɗin ƙit-ƙit kamar na tsohon gem. To idonka ya riga ya saba, duk abin da yake motsi haka wasa ne, in an maka wa mutum abu a ka yanzu zai miƙe ya karkaɗe riga.

Sai dai su waɗannan ba sa miƙewa garau. Riga ta yage kuma ta zauna a yage, fuskokinsu suka fara canzawa ana zana musu fenti suna komawa wasu dodanni, furen da ake faɗan a kansa tuni an tattake shi ba wanda ya lura. Sai ɗaya ya ture gidan kwalin ɗan'uwansa, ashe akwai mata a zaune a baya riƙe da jariri, ya hau ta da duka ya yi ƙwallo da jaririn, ɗayan ma ya je ya rama daidai wa daida. Duk da wannan saurin na katun ɗin, duk da wannan sautin ɗin-ɗin ɗin, ba abin da aka canza.

Shiru na ji a gefena.

"Kawu, jaririn fa?"

Nace kalli dai. Suka kashe juna, ƙasa ta rufe su, shingen nan ya zagaye kaburbura biyu, fure ya fito a kan kowanne, kowa ya samu nasa kenan. Ya miƙo min wayar yace "Kawu wannan ai ba na dariya ba ne." Nace to ba kai ne kake ta birgima yanzu ba? Yace "ai da farko ne." Daga ɗaki Yaya ta ɗaga murya wai me kake nuna wa yaron nan da daren nan, nace fim ɗin makaranta ne Yaya, kuma ban yi ƙarya ba, an daɗe ana nuna shi a makarantu.

Na jima ina neman sunan da zan kira irin waɗannan gajerun finafinan da Hausa. Ba zambo ba ne don ba wani mutum ɗaya ake yi wa ba, habaici ya ɗan matso kusa, amma ni a ganina gatse ne. Irin wanda uwa take yi in ta ga yaro yana ɓarin ruwa a tsakar gida tace yauwa ƙara zubarwa ai rijiya ce da mu a ɗaki. Mai fim ɗin ya san abin da kake so, duka kake son gani, to ga shi, ƙara, ga wani ma, yana ta zuba maka har sai ka kai inda loma ta tsaya maka a wuya ka juyo kana tambayar kanka wai tun ɗazu me nake wa dariya. Kuma gajeren fim ya fi dogo iya wannan, don a dogon fim sai an ba ka dalili, an kashe wa jarumi uwa, an ƙone musu gida, bos mugu ne na ƙarshe, saboda haka in aka zo ƙarshe ana karya masa ƙashi kana tafi da zuciya ɗaya ba ka jin komai. A minti takwas ba lokacin da za a wanke ka. Ba jarumi ba bos, daga kai sai dukan da kake kallo.

McLaren bai yi shi don nishaɗi kawai ba. Ya je Chana a 1949 aikin UNESCO, hukumar ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ya zauna da mutanen can ya ga rayuwarsu, yana dawowa ba da daɗewa ba yaƙin Koriya ya ɓarke a 1950, ƙasar da yake zaune tana gefe guda, mutanen da ya baro suna ɗaya gefen. Daga nan fim ɗin ya fito. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne ya ci kyautar Oscar a 1953 amma wai a rukunin gajerun finafinan gaskiya, irin na labarin abin da ya faru, mutane suna tashi sama a kan fure fa. Ko kuskure ne ko su ma gatsen suka yi oho.

Amma ga inda nake so ku tsaya. Da za a rarraba fim ɗin a Amurka sai aka ce wurin matan da jariran nan ya yi tsanani, a cire. Aka cire. Wato daidai wurin da ɗan yayata ya daina dariya, shi aka yanke, aka bar wa mutane faɗan itace da tsalle-tsalle da ɗan wa'azin ƙarshe inda ake rubuta ka so maƙwabcinka da harsuna kala-kala. Sai lokacin yaƙin Biyetnam McLaren ya mayar da wurin. Ni wannan labarin yankewar ya fi fim ɗin kansa tsaya min a rai, don kusan kullum haka ake yi wa gatse, a cire ƙayar a bar zaƙin.

Amurkawa ma suna da nasu a cikin The Simpsons, wani ɗan katun a cikin katun, Itchy da Scratchy, ɓera da mage kamar dai su Tom, sai dai nan in an sare kai jini ake gani da hanji, sannan a juyo da kyamara kan yaran gidan suna kan kujera suna ƙyaƙyatawa. Akwai wani kashi na 1990 da uwar ta tada ƙura har aka daina dukan, ɓera da mage suka koma shan lemo tare cikin ladabi, yaran garin kaf suka kashe talabijin suka fita wasa waje. Da aka dawo da dukan suka dawo. Ban ga ƙarya a ciki ba.

Wanda ya fi taɓa ni dai namu ne na nan kusa, kuma abin haushi da yawanmu ba mu ma san shi ba. Moustapha Alassane, ɗan Nijar, an haife shi a 1942 a N'Dounga kusa da Yamai, makanike ne tun farko kafin ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen nan mai ɗaukar finafinai a Nijar, daga nan hanya ta buɗe masa ya je Kanada, kuma wa ya koya masa aikin katun a can? McLaren ɗin nan dai mai fure. Da na gano haka sai da na ajiye waya na ce ikon Allah. Ya dawo gida ya yi ta yin katun da kwaɗi, akwai wanda shugaban ƙasar kwaɗi yake tafiya ziyarar aiki ana ta fareti da jiniya, ka san dai su wa yake nufi a shekarun nan na bayan samun 'yanci. Daga baya a Tawa ya zauna, ya rasu a 2015 a Wagadugu.

A 1966 ya yi Le Retour d'un aventurier, kusan rabin awa ne, ana yawan cewa shi ne fim ɗin kaboyi na farko a Afirka. Wani saurayi ne ya dawo daga Amurka da akwati, tsarabar da ya kawo wa abokansa ita ce kayan kaboyi, malafa, takalma, ɗamara, bindiga. Kowa ya saka, kowa ya ajiye sunan da ubansa ya yanka masa rago ya ɗauki na silima, wannan Black Cooper wancan James Kelly, budurwar cikinsu ta zama sarauniya Christine. Suka hau dawaki. Da farko wallahi dariya za ka yi ta yi, ga bukkoki ga rumbuna ga tsofaffi da rawani, ga wasu 'yan samari suna tafiya a buɗe suna magana ta hanci kamar a Tekzas. To amma kaboyi ai ba ya zama haka kawai, a fim ɗin da suka gani kaboyi faɗa yake a mashaya, caca yake, ƙwace yake, harbi yake. Sai suka fara yi, a garinsu, a kan iyayensu da maƙwabtansu, har abin ya kai ga jini a tsakaninsu su kansu.

Ka tuna lokacin da aka yi shi. Gidajen silima a Yamai cike suke da finafinan kaboyi, kamar yadda iyayenmu a Kano suke ba mu labarin Rex da Palace da Plaza, kaboyi da Indiya, daga baya Chanis ya shigo yara suka koma karya wa juna hannu a lungu da sunan kunfu. Alassane ya kalli 'yan kallo ne ya mayar da su cikin allo, yace to ga ku nan. Bai tsaya zagin Amurka ba, bai yi wa'azi ba, shi kansa daga gani yana son finafinan kaboyin, yadda yake ɗaukar sukuwar dawakin nan ba aikin maƙiyi ba ne. Shi ya sa abin ya fi shiga jiki. Da wasa ake faɗa wa wawa magana, kuma a nan wawan da mai faɗar duk 'yan layi ɗaya ne a silima.

Sai dai ita wadda ta fito a sarauniyar, Zalika Souley, ta ɗanɗana kuɗarta. Ta ci gaba da fitowa a finafinan Nijar a matsayin mace mara kamun kai, mutanen gari kuma suka kasa raba ta da rawar da take takawa, aka yi ta yi mata kallon banza shekara da shekaru. Ka ga matsalar gatse kenan, sai wanda ya gane. Yaron da bai san gatse ba in ka ce masa ƙara zubarwa tulun zai tuntsurar gaba ɗaya yana murna an ba shi izini.

Abin da ya sa duk na kawo wannan dogon zancen shi ne wani bidiyo da aka turo gurup ɗinmu na 'yan ajin sakandare kwana biyu kafin daren nan. An kama wani yaro wai ya ƙwaci waya, ba zai wuce shekara sha tara ba, an zagaye shi. Kowa ya san yadda ƙwacen waya ya addabi mutane, akwai wanda aka soka wa wuƙa a kan wayar da ba ta kai dubu talatin ba, nima an taɓa tare ni, saboda haka kar wani ya zo min kwament da cewa ban san zafin abin ba, na sani. Amma ba ɗanyen bidiyon aka turo ba. Wani ne ya zauna, ya ɓata lokacinsa da datarsa, ya yi masa editin, ya ɗora waƙar biki a kai, duk inda gora ta sauka ya sa wannan sautin ƙwal na katun, wurin da yaron ya yunƙura zai tashi aka shure shi ya maimaita shi sau uku a hankali, ya manna hoton fuskar nan mai dariya da hawaye. Sakan arba'in. Daga gefe kuma in ka lura duk wanda ba ya duka to waya ce a hannunsa a sama, har wani yana ture wani don ya samu wurin ɗauka.

Gurup ya ɗauka. Maganinsa kenan. Allah ya ƙara. Wani yace don Allah a turo cikakken. Mutanen nan fa akwai malamin makaranta, akwai ma'aikacin asibiti, akwai wanda kullum da asuba shi yake turo mana azkar.

Ni kuma na kalla sau biyu. Na farko har na yi ɗan murmushi a wurin ƙwal ɗin nan kafin na ankara, don editin ɗin ya iya, ya san inda zai sa sautin. Wannan ne ya dame ni ya hana ni sakat, don dabarar da McLaren ya yi ce sak aka juya ta. Shi ya ɗauki wasa ya saka masa nauyin gaske a ƙarshe don ka ji kunya, wannan kuma ya ɗauki gaske ya saka masa rigar wasa don kar ka ji komai, kuma ya yanke bidiyon kafin a ga yadda aka ƙare. Har yau ba wanda ya tambaya a gurup ɗin ko yaron yana raye. Nima ban tambaya ba.

Ko a gidan dambe da ake cewa wane ya yi kisa, ai kowa ya san wanda aka kashe ɗin zai tashi a zuba masa ruwa, shi ya kawo kansa, akwai alƙali akwai mai raba su, gobe ma zai dawo a yi masa kiɗa. Wannan daban ne.

To wai finafinan gatsen nan suna gyara wani abu kuwa? Gaskiya ina da shakka, kuma kullum shakkar ƙaruwa take. A 2018 wani mawaƙin Amurka Childish Gambino ya saki bidiyon waƙarsa This Is America, minti huɗu, yana gaba yana tiƙar rawa da 'yan makaranta yana washe baki, a bayansa ana gudu ana ƙone-ƙone, ya harbe mutum sai a zo a karɓi bindigar da jan ƙyalle a hankali kamar ƙwai, gawar kuma a ja ta a ƙasa. Duk maganar bidiyon ita ce rawar tana ɗauke maka ido daga abin da ke faruwa. Ba a yi sati ba mutane suka yanko wurin rawar da wurin harbin suka ɗora wasu waƙoƙin a kai ana ta shiyarin ana dariya. An yi musu gatse sun tuntsurar da tulun. Kuma yanzu da komai sai an daddatsa shi sakan goma sha biyar kafin ya yi tafiya a TikTok, wa zai zauna jiran minti na bakwai inda dariyar take maƙalewa? Aikin da masu rarraba fim suka yi wa McLaren da almakashi yanzu kowa da babban yatsansa yake yi.

Duk da haka ban iya cewa a daina ba, don na ga fuskar yaron nan a hasken waya lokacin da ya ce jaririn fa. Wa'azi nawa aka yi masa a kan tausayi, a gida da islamiyya, ban taɓa ganin ya yi irin wannan shirun ba. Na so a ce masu yin gajerun barkwancinmu na waya, da suke da basira wallahi, wani cikinsu ya gwada irin wannan ko sau ɗaya, maimakon kullum a ƙare da an bi mutum da gora ana ihu an sa sautin dariya. Ya fara kamar yadda aka saba, a kama ɓarawo, a yi ta ƙwal ƙwal, mu yi ta dariya, sannan kawai ya ƙi yankewa, ya bar kyamara a kunne, waƙar ta ƙare, masu duka su watse, a bar mu da wanda ke kwance da takalminsa ɗaya can gefe da masu ɗauka suna duba ko nasu ya fito da kyau. Na san ba zai samu layik kamar sauran ba, ƙila ma wani ya yanke ƙarshen ya sake ɗorawa.

Washegari da safe ina shan koko yaron ya zo ya tsuguna kusa da ni, Kawu ina kwana, lafiya lau, sai ya yi ta murza yatsu. Nace menene. Yace don Allah in ƙara sa masa na masu furen nan yana so ya nuna wa abokinsa na gidan gaba. Na ji daɗi har na fara cewa a raina to ka ga abin ya yi aiki, na ciro wayar ina nemo masa, sai yace "amma Kawu ka wuce farkon, ka kai daidai inda suke zare itacen."

Na kai masa wurin na miƙa masa, ya fita da gudu ko takalmi bai saka ba.